Littafin Sito

Baba Labaran ya rasu ran Laraba.
Ran Asabar aka miƙo min makullin sito
da wani littafi mai baƙin bango
wanda gara ta ci wa kusurwa.
Suwame na ta bugun ƙarfe kamar kullum,
ba wanda ya sassauta guduma dominsa.

Na buɗe.
Shafin farko: durom arba'in daga Ingila,
ta Takoradi, jirgin ƙasa ya sauke a Kumasi.
Sunan abin ya fi bakin Baba tsawo,
kabon-tetirakulorayid,
sai ya datse masa wutsiya ya ce Sitisi.
Masu wanki kuwa suka ce ruwan sanyi,
don yana lasar hannu ya gudu
ya bar fata furu-furu kamar an shafa toka.

Ruwa ne, amma ba na alwala ba.
Ya fi ruwa nauyi, wuta ba ta cinsa,
ƙamshinsa zaƙi-zaƙi, mai shiga kai.
Opanin Kwarteng na Adum yakan aiko da galan biyu
a fitar wa lauyoyi manja daga kwat.
Makanikai su zo da kwalbar lemo
su wanke bakin mai daga cikin inji
har ƙarfe ya koma kamar ranar da aka haife shi.

Na juya shafi. Ingila ta yi shiru.
Jamus ta karɓa, Holan ta leƙo sau uku,
arba'in ya koma ashirin da biyar.
Jirgin ƙasa ya bar wa tirela hanya,
Takoradi ta bar wa Tema.
Sai Indiya, sai Sin,
sunayen kamfanoni da Baba ke rubutawa yadda kunnensa ya ji.
Kaya na raguwa, sifiri na hayayyafa a bayan sidi
kamar ƙwan zabo.
Sha biyu. Bakwai. Uku.
Daga nan babu durom,
sai 'yan kwalabe masu ruwan ƙasa
da takardar izini mai hatimi huɗu,
na ɗakin gwajin jami'a kaɗai.

Ina nan ranar da ma'aikaciya ta zo da jaka
ta ce abin nan yana huda rufin sama.
Baba ya fita ƙofa, ya ɗaga kai, ya daɗe.
Ya ce, yarinya, ban ga inda ke yoyo ba.
Muka yi dariya. Shi bai yi ba.

Yau na san dalili.
A gefen shafi, inda babu layin lissafi,
akwai ajami ƙanana kamar sawun tururuwa:
Ɗantani, kuɗin asibiti.
Ɗantani, kuɗin asibiti.
Ɗantani shi ke zuƙar tiyo da baki
in za a juye durom cikin galan,
ya tofar, ya yi murmushi, ya ce ya saba.
Na tuna idonsa, rawaya kamar gangamau,
da cikin da ya riga shi shiga ɗaki.
Bayan shafi tara rubutun ya sauya:
matar Ɗantani, wata ya yi.
Shekara goma sha shida, bai tsallake wata ba,
har lokacin da babu abin da ya shigo.

Wayata ta yi ƙara.
Wani dillali ne daga ƙetare,
yana da sabon ruwa, in ji shi, marar laifi,
in na ɗauki kwantena zai rage min.
Na kife ta.

A lungu akwai durom guda, tsatsa ta ci bakinsa.
Na ƙwanƙwasa. Bai amsa da ƙarar wofi ba.
Ban san wa zan kira ya ɗauke shi ba.

Hadari ya taso daga wajen Aboabo.
Na lalubi biro a aljihun rigar Baba.
Yau ashirin da tara ga wata,
kuma tana nan da rai, a Asawase.