Sarkin Tuntuɓe

A Yelwa ta Garwa, bayan rumfar mai walda,
Baffa Tanimu ya jera benci bakwai,
talabijin mai ƙusumbi,
da janareta mai tarin tsofaffi.
Sefa ashirin da biyar kuɗin shiga,
ni ke karɓa a bakin labule.

Mutumin Birazil ne, in ji mai kawo kaset.
Sunansa ya fi ƙarfin harshenmu,
sai muka raɗa masa Sarkin Tuntuɓe.
Ranar farko yaron otel ne kawai,
ya ɗauko faranti, ya gangaro matakala da ka,
ya miƙe, ya gaida bango.
Minti biyu ke nan. Sau tara muka mayar da kaset baya.

Bakinsa na motsi da yarensu,
wani Bafaranshe ya ara masa murya,
Baffa kuma ya tsaya gefe da lasifika
yana ɗinka masa Hausa.
Faransancin Baffa bai wuce na ciniki ba,
inda zare ya ƙare sai ya ƙulla nasa:
ya mai da shi ɗan kasuwar Pitowa,
mai gudun bashin sefa ɗari uku
na Dada Habsatu mai kifin Lagdo.
Tana benci na biyu tana nuna shi da yatsa:
"Ka dai gama faɗuwar, ina jiranka!"

Shekara ta bi shekara, farantin ya bar hannunsa,
sunansa ya hau saman takarda.
Ya yi ɗan sanda mai tsoron kaza,
ya yi ango, ya yi gawa mai atishawa.
Da muka kafa tauraron ɗan'adam kan rufi
sai ga shi duk daren Asabar,
tumbi ya fito, gashi ya ja da baya,
faɗuwar ma ta koma ta lissafi,
yana dafa kujera kafin ya kai ƙasa.

Fim na ƙarshe bai faɗi ba.
Ya zauna bakin gadon asibiti
riƙe da takalmin yaro.
Muka jira Baffa ya ce wani abu.
Janareta kaɗai ke magana.

Yau bencin nan suna wurin mai shayi,
kowa da nasa allon a tafin hannu.
A nan na ga hotonsa da baƙin zare a kusurwa.
Na kai wa Baffa labari, yana kan tabarma,
ido ya yi hazo, murya ta shige ciki.
Ya ce, "Bai ma san da Garwa ba.
Shekara ashirin ina ci da bakinsa."

Da yamma na bi ta bakin gada.
Dada Habsatu na juya kifi a mai.
Ta ji, ta yi shiru, ta rage wuta.
Ta ce, "Ɗari ukun nan, ku shaida, na yafe."