Akwati na Arba'in da Bakwai

Ƙarfe tara take shigowa, laimarta na ɗiga,
ruwan Liverpool ba ya sallama.
Enid Rowbotham, tebur na uku, gefen taga.
Ni ne mai turo amalanken akwatuna
daga ɗakin ƙasa, inda takardu ke tsufa cikin sanyi.

Shekara goma sha ɗaya tana bin sawun kuɗi
kamar mai neman akuyar sata bayan an ɗauke ruwa.
Takan ce ƙarya ta iya sa kwat, ta iya jawabi,
lissafi ne kawai ya gagare ta:
kullum sai ta yar da sule biyu a bakin ƙofa.

Na leƙa littattafan da take buɗewa.
Manja, auduga, kirgi, gyaɗa,
rubutu tsaf kamar na mai tsoron Allah.
A can an loda buhu ɗari,
a nan tamanin suka sauka.
Teku ce ta ci, in ji littafin.
Teku mai gidan bene a bayan gari, in ji ta,
har da lambu.

Sau huɗu lauyoyi na rubuto mata.
Ta ninke wasiƙun, ta cusa ƙarƙashin ƙafar teburinta
don ya daina rawa.

Wata Laraba na kawo akwati na arba'in da bakwai.
Ta kwance zaren, tana bin layi da yatsa,
sai yatsan ya cije.
Ta ce, "Sadisu, karanta mini wannan sa hannun,
idona na yi mini gardama."
Na karanta. Sunan gidansu ne.
Kakanta ne, akawu, wanda ya koya mata ƙirga
da maɓallan riga a gaban murhu.

Ba ta yi kuka ba. Fensir ta feƙe.
Har aka kaɗa ƙararrawar tashi tana kwafa.

Ni ma ina da kaka.
Ya sha cewa sikelin kanti na da hannu na uku.
Ban faɗa mata ba.

Littafin ya fito da bazara.
Sunan na nan a shafi na ɗari biyu da sha biyu,
ba rawani, ba uzuri.
Ta kawo mini kwafi ɗaya,
da fam guda da na taɓa ranta mata na mota.
Ta tsaya sai da na ƙirga.