Gado Na Tara

Shekarata ta biyu a makarantar jinya
aka tura ni ɗakin maza, aikin dare.
Farar riga, farin takalmi, biro a aljihu,
kaina cike da sunayen ƙasusuwa da jijiyoyi
waɗanda na haddace ina gyangyaɗi a adaidaita sahu
tsakanin Gwammaja da Ƙofar Mata.

Na ce, "Sista, gado na tara ya ƙi magani."
Sista Tasalla ba ta ko ɗago daga fayil ba.
Ta ce, "Gado ƙarfe ne, Hajjo, ba ya ƙin komai.
Koma ki tambayo mini sunan mai gadon."

Na koma, kunya na jan ƙafata.
Ilu ne sunansa. Baba Ilu marini,
shekara hamsin a bakin karofi.
Ciwon suga ya ci masa yatsu biyu na ƙafa,
yana lasar baki a kan na uku.
Ya ba duniya baya, ya sa bango a gaba.

Da na kama hannunsa don ƙirga bugun jini
sai na ga shuni kwance a ƙarƙashin farce,
a cikin kowane layi na tafi.
Sati shida na sabulun asibiti
bai iya korarsa ba.
Na manta da agogo.
Na ce, "Baba, sau nawa ake tsoma zane
kafin ya kama?"

Shiru. Fanka na ƙara a sama,
wani na tari a gado na biyu.
Can ya ce, "Ba a ƙirgawa, yarinya.
A tsoma, a ɗaga, a bar shi ya sha iska.
Kore yake fitowa daga rami.
Iska ke ba shi launi."

Ashe ba maganin ya ƙi ba.
Da safe likitoci sun tsaya a kansa,
suna ta Turanci, suna nuna ƙafar da biro,
kalma ɗaya ta faɗo da Hausa: yankewa.
Ba wanda ya dubi fuskarsa.
Tun daga nan yake haɗiye tambaya,
har maƙogwaro ya rasa wurin ƙwaya.

Sista Tasalla ta jawo kujera, ta zauna
har idonta ya daidaita da nasa.
Ba ta yi masa ƙarya ba, ba ta yi sauri ba.
Ta ja labule kafin ta ɗaga mayafi,
ta ce, "Da izininka, Baba,"
ga mutumin da an daɗe ba a nemi izininsa ba.
Wuta ta ɗauke a tsakiyar wankin miki,
janareta ya yi gardama.
Na riƙe tocilar waya, hannuna na rawa.
Warin ya doki hancina, na kau da kai.
Ita ko gira ba ta motsa ba,
tana tambayarsa kuɗin turmin shadda a Kwari.

Ƙarfe uku ya miƙo hannu ya karɓi ƙwayoyin.

Yatsan dai ya tafi ranar Laraba.
Ba mu cece shi ba.
Amma da aka turo shi daga tiyata
sunana ya fara kira.

Yanzu ni ke riƙe da alli a gaban aji.
Takardar jarrabawa tana da gurbin allura,
gurbin awon jini, gurbin naɗa bandeji,
ba ta da gurbin jawo kujera.
Jiya wata ɗaliba, Lantana, ta shigo da gudu:
"Malama, gado na huɗu yana kuka."
Na ji amsar ta taho bakina da muryar wata.
Na ajiye allin.
Na ce, "Mu je tare. Wa ke kan gadon?"