Miyar Gwaiduwa

Kakana Nomau ya yi kuku shekara shida
a barikin Turawan da suka tare ruwa a Bakolori.
Bai dawo da kuɗi ba.
Ya dawo da wuƙa mai ƙotar ƙashi,
da tabon ƙuna a gwiwar hannu,
da wata miya da babu mai shan ta a Talatar Mafara.

Ya ce can akwai wani tsiro, asfaragas,
kore, siriri, kai a tsuke kamar alƙalamin kara.
Cikin ƙanƙara ake kawo shi daga nesa.
Kawunan na teburi ne.
Kuku sai gindin da aka datse,
shi ma a tsaye, a bayan ƙyaure.

Bana da hannunsa ya soma rawa
har shayi na zuba a gemu,
ya kira ni gindin murhu.
"Tasalla, tafi fadama ki tsinko kuɓewa,
'yan ƙanana, da ba su kai ɗan yatsa ba.
Karya wutsiyar. In ta ce ƙas, ita ce."

Na dawo da raɓa har gwiwa.
Na tarar ya jera kayansa a kan faifai:
ƙwan zabi uku,
curin man shanun Jebbu da ya narke a rana,
rabin lemun tsami, gishiri ɗan tsunkule.

Tukunya a ƙasa, ruwa na motsi bai tafasa ba.
Tasa a sama, gindinta bai taɓa ruwan ba.
"Wuta ba ta ganin ƙwai ido da ido," in ji shi,
"tururi ne ɗan aike."

Na kaɗa gwaiduwa da maburgi.
Na kaɗa.
Yana ɗiga mai da cokali, ɗis,
ya jira,
ɗis,
kamar mai biyan bashin da ba ya so ya ƙare.
Kafaɗata ta ɗau zafi.
Na ce a raina, tsohon nan zai kai mu azahar,
na karɓe kwanon na tuttula.

Nan take ta tsinke.
Mai ya koma gefe, ƙwai ya yi gudaji,
kamar 'yan'uwa ranar rabon gona.

Na jira faɗa. Dariya ya yi har da tari.
"Ran da tat tsinke mini, kwabo hamsin anka yanke.
Ɗebo ruwan randa, cokali guda.
Fasa sabon ƙwai.
Abin da ya ɓace ba a zubarwa,
a hankali ake mai da shi gida."

Muka sake.
Wannan karon na ji lokacin da ta kama:
maburgi ya yi nauyi,
ya bar sawu a bayansa, sawun bai rufe ba.
Ruwan ɗorawa, sheƙi, santsi,
lemun tsami can ƙasa yana magana a hankali.

Kuɓewar kuwa ba a yanka ta ba.
Sukutum ta shiga ruwan gishiri,
ya ƙirga da yatsu masu rawa,
ya ce tsame,
tun tana kore, tun ba ta tuna yauƙi ba.

Inna ta leƙo, ta taɓe baki:
"Miya ba daddawa, ba barkono, ba tuwo?"
Ta dangwala ɗaya don ta ji daɗin kushewa.
Ta dangwala ta biyu ba ta ce komai ba.

Shi kuwa ya gyara zama a kan buzu,
ya miƙe ƙafa, ya naɗe hannun riga.
Ya ɗau guda, ya juya ta, ya tsoma tsinin,
miya na bin yatsa zuwa tsohon tabon.
Ya tauna a hankali da haƙoran da suka rage.

Gindin ya jefa wa kaji.