Riƙon Ƙwarya

Ranar da aka ɗauki ciyaman zuwa asibitin Masar,
Arzika Labbo na Runjin Sambo
yana raba gardamar mai shago da mai shara.
Waya ta yi ƙara: "Taho ka riƙe muna ƙwarya."

Kwana casa'in, suka ce.
Damina biyu suka same shi a kujerar.
Bai sauke hoton mai ita daga bango ba.
Kowace takarda ya sa wa hannu,
"a madadin" ke gaba, sunansa na biye.

Shi ya yashe magudanar Mabera
kafin ruwan Agusta ya shiga ɗakuna.
Ɗan kwangila ya aiko rago da Sallah,
ragon ya koma a bayan a-kori-kura.

Da zaɓe ya matso aka zauna da dare a Gawon Nama,
ba a kira shi ba.
Da safe fastar wani yaro ta rufe shataletale,
takalminsa bai san laka ba.

Ya miƙa makullai: na ofis, na mota, na durowa.
Direba ya ce, "Ranka shi daɗe, shi ke nan?"
Ya ce, "Nonon mai shi na.
Ƙwarya ko, ban fasa ta ba."

Yanzu gero yake aunawa a Tsohuwar Kasuwa.
In hadari ya haɗo daga gabas
sai ya aje mudu, ya hau kabu-kabu,
ya tsaya bakin kwalbatin Mabera da lema
yana kallon ruwa na wucewa,
bai tsaya tambayar sunan kowa ba.