Bashin Goro

Da hantsi ta iso daga Rigasa,
keke biyu ta hau, ta ƙarasa da ƙafa.
Ta ajiye takardu a teburina
kamar mai ajiye ƙwai.

Ban tambayi suna ba, goshin ya faɗa.
Goshin Hashimu ne, mai ɗinkin bututu,
shekara ashirin da uku
yana shiga ramukan Malali har ƙugu
don famfo ya yi magana a gidajen wasu.
Ni na riƙe buta ranar wankansa.
Akwai bashinsa na goro a wuyana har yau.

Ta ce, Baba, an ce in uba ya faɗi a bakin aiki
ana duba na bayansa.
Na ce, ana dubawa, Sa'adatu.

Na jawo littafin ƙa'ida,
shafin da yatsu suka mayar baƙi.
Ya ce a nema kafin shekara biyu da rasuwa.
Ya ce mai nema ya cika sha takwas.
Ranar da muka kai Hashimu makwanci
tana aji huɗu, tana tambaya yaushe zai dawo.
Sa'ad da ƙofa ke buɗe hannunta bai kai sakata ba,
da hannun ya kai, an kulle.

Ya ce in da mai albashi a gidan, a rufe magana.
Yayanta na gadin wani kango a Kakuri,
ana biyansa in an tuna.
Littafin ya kira wannan albashi.

Ban ce doka ta yi ƙarya ba.
Kujerar gwamnati ba gona ba ce,
alƙali ba ya raba ta ga magada.
A barandar nan akwai wasu a layi,
iyayensu na raye,
yunwarsu ma haka.
Na san duk wannan. Ni nake karanta wa mutane.

Hatimin bai yi nauyi ba sai yau.
Na buga. Tawada ta fito fes.

Na miƙa mata ɗari biyar, na ce kuɗin mota.
Ban ce na goro ba ne.
Ta durƙusa ta karɓa,
ta ce ko da ruwa a kusa, ta sha.

Na nuna mata famfon tsakar gida.
Ta murɗa.
Ya yi tari sau biyu, ya yi shiru.