Ruwa Biyu

A Devon, ƙarshen Janairu,
itatuwa duk sun tuɓe wa sanyi,
ban da itacen oak na bakin kogi.

Tsoho Hedley mai lambu ya dafa ɓawonsa:
“Taɓa ka ji. Taushin nan gadon uba ne,
shi da ake feɗewa a Fotugal
don toshe bakin kwalba.
Tsayin na uwa ne, ’yar Turkiyya,
mai zubar da ganye tun kaka.”

Ɗan bai bi kowa ba.
Yakan ƙanƙame tsohuwar riga
sai ya ga sabuwa ta leƙo,
sannan ya saki.

Sau bakwai Hedley yana shuka ƙwayarsa,
ko ɗaya bai ɗauko kamanninsa ba.
“Kamar dai nawa,” in ji shi,
ya saɓa manjagara ya wuce.